Abijan: Hanyoyin da doka ta tanada ga mai motar haya idan hukuma ta hana shi takardar izinin sufuri

A Adjamé da Treichville, biyu daga cikin manyan cibiyoyin sufuri na birnin Abijan, motar haya ba ta fita aiki sai da takardu. Idan hukuma ta ƙi bai wa mai mota takardar izini, ko ta janye wadda ke hannunsa, ko ta dakatar da lasisin direbansa, abin da ke biyo baya sananne ne. Mota ta kwanta, kuɗin da direba ke kawowa kullum ya yanke, karen mota ya rasa na abinci, amma bashin da aka sayi motar da shi bai daina tafiya ba.

Da yawa kan ruga wurin ɗan tsakani ko wani sananne a ofis, wasu kuma su zauna jiran tsammani. Alhali dokar ƙasar Kodebuwa ta buɗe hanyar ƙalubalantar irin wannan mataki har zuwa gaban babbar kotun da ke shari'a tsakanin hukuma da jama'a, wato Conseil d'État. Sai dai hanyar tana da matakai da wa'adi, kuma wanda ya bari wa'adin ya wuce shi yakan rasa ƙararsa ko da shi ne mai gaskiya.

Adjamé da Treichville a harkar sufuri

Ƙidayar shekarar 2021 ta nuna birnin Abijan yana da mutane kimanin miliyan 5.6. Adjamé tana da mazauna sama da 340,000, amma da rana masu shigowa ciniki da matafiya kan cika ta maƙil, domin nan ne mahaɗar motocin gbaka masu zuwa Abobo da Yopougon, da manyan motocin da ke zuwa cikin ƙasa da maƙwabta, da kuma tashar arewa ta kamfanin bas na gwamnati, SOTRA, wanda aka kafa a 1960.

Treichville kuwa, wadda mazaunanta suka haura 100,000, tana kudancin tafkin Ébrié. Gadar Houphouët-Boigny ta 1957 da gadar De Gaulle ta 1967 ne suka haɗa ta da Plateau. Tana dab da tashar jiragen ruwa ta Abijan, a cikinta tashar jirgin ƙasa take, da tashar Bassam mai motocin da ke bin hanyar gabas. Hausawa da Zabarmawa daga Nijar, da Hausawan Nijeriya da Gana, sun daɗe a waɗannan unguwanni suna fatauci da dako da tuƙi, saboda haka dokar sufuri ta shafi abincinsu kai tsaye.

Wace takarda, wace hukuma

Uwar dokokin wannan fanni ita ce doka mai lamba 2014-812 ta ranar 16 ga Disamba 2014, wadda ta tsara sufurin cikin gida. Dokar zartarwa ta 22 ga Afrilu 2015 ta fayyace sharuɗɗan shiga sana'ar sufuri, ta 3 ga Nuwamba 2016 kuma ta tsara amfani da hanyoyin mota.

Akwai takardu biyu da ake yawan rikita su. Ta farko, carte de transporteur, tana shaida cewa an yi wa mutum ko kamfani rajista a matsayin mai sana'ar sufuri. Ta biyu, carte de transport, izini ne na mota guda, don aikin da aka ambata a kanta. Ban da su akwai carte grise ta mallakar mota, da inshora, da shaidar duba lafiyar mota, da lasisin tuƙi wanda kowa ke kira permi. Tun daga 2014 ana karɓar akasarin takardun ma'aikatar sufuri a cibiyoyin CGI, waɗanda kamfanin Quipux Afrique ke gudanarwa a madadin gwamnati. A 2019 an kafa sababbin hukumomi biyu: AMUGA mai tsara zirga-zirga a Abijan da kewayenta, da ARTI mai sa ido kan sufurin cikin gida. Ma'aikatun magajin gari da hukumar District d'Abidjan su ma suna da hannu, musamman kan tasi-tasin unguwa da ake kira wôrô-wôrô, da wuraren tsayawa, da harajin tasha.

Wannan tarin hukumomi ba sabon abu ba ne. Bayan dokar 2003 da ta miƙa wa ƙananan hukumomi wasu ayyuka, an shafe shekaru ana ja-in-ja tsakanin tsohuwar hukumar AGETU da magadan gari kan wanda ke da ikon ba da izini da karɓar kuɗi, har aka rushe AGETU a 2014. Darasin da ke ciki ga mai mota shi ne, kafin komai ya duba wanda ya sa hannu da hatimi a kan takardar da aka ba shi. Teburin da ya karɓi takardunsa ba lallai shi ne hukumar da ta yanke shawara ba, kuma koken da aka kai inda bai dace ba yana iya cinye wa'adi a banza.

Matakin da ake ƙalubalanta da wanda ba a nan ake kai shi ba

Hanyar da ake bayani a kanta ta shafi matakin hukuma ne wanda ya taɓa haƙƙin mutum: ƙin ba da izini, ƙin sabunta shi, janye shi, dakatar da lasisin tuƙi, ko dokar magajin gari ko ta District da ta hana wani nau'in abin hawa bin wata hanya. Misalin irin ta ƙarshe shi ne haramcin da hukumar District d'Abidjan ta sanar a watan Afrilu 2024 kan kurar turawa da ake kira wottro da kuma talla a manyan tituna. Haka nan tun ranar 1 ga Maris 2023 lasisin tuƙi ya zama mai maki 12, waɗanda ake zaftarewa idan direba ya yi laifi, kuma a ma'aikatar sufuri akwai kwamitin da ke zama kan dakatar da lasisi ko janye shi.

Wasu rigingimun kuwa ƙofarsu daban. Tarar laifin hanya, ko ɗan sanda ne ya rubuta ta ko kyamarorin da aka fara amfani da su a 2021, batu ne na laifi, kuma ƙarshensa yana gaban kotunan shari'a na yau da kullum. Saɓani tsakanin direba da mai mota kan albashi na kotun ƙwadago ne. Rigima tsakanin kamfanoni biyu kan bashi ko yarjejeniya ta kotun kasuwanci ta Abijan ce, wadda ke aiki tun 2012. Kuɗin da 'yan kamashon tasha da ake kira gnambro ke karɓa kuwa ba matakin hukuma ba ne sam. Idan an tilasta wa mutum biya, wurin 'yan sanda ko mai gabatar da ƙara zai kai kuka.

Mataki na farko: koke ga hukuma

A Kodebuwa ba a zarcewa kotu kai tsaye don neman a soke matakin hukuma. Dole ne a fara da rubutaccen koke ga hukumar, wanda ake kira recours administratif préalable. Wanda ya tsallake wannan mataki, kotu za ta kori ƙararsa ba tare da ta duba ko yana da gaskiya ba.

Koken iri biyu ne. Recours gracieux shi ne wanda ake kai wa jami'in da ya ɗauki matakin, ana neman ya sake tunani. Recours hiérarchique shi ne wanda ake kai wa na sama da shi, kamar a rubuta wa ministan sufuri kan matakin wani darakta na ma'aikatarsa. Idan matakin na magajin garin Adjamé ne ko na Treichville, ya fi aminci a rubuta wa magajin garin da kansa, domin shi zaɓaɓɓe ne, ba ma'aikacin da ke ƙarƙashin ministan sufuri ba.

Ana rubuta koken da Faransanci. Ya ƙunshi cikakken sunan mai koke da adireshinsa, da lambar mota, da lamba da kwanan watan matakin da yake ƙalubalanta, da dalilansa, sannan ya faɗi ƙarara cewa yana neman a janye matakin. Wasiƙar gaisuwa da roƙon alfarma wadda ba ta nemi janyewa ba tana iya kasa cika wannan sharaɗi. A haɗa da kwafin takardu, a riƙe na asali a gida.

Abu mafi muhimmanci shi ne shaidar miƙawa. Mai koke ya je da kwafi biyu, a buga masa hatimi da kwanan wata a kan nasa, ko ya aika ta gidan waya da takardar shaidar isarwa, ko ya sa jami'in isar da takardun shari'a ya kai, wanda a da ake kira huissier, yanzu kuma commissaire de justice tun dokar 2018. Daga wannan kwanan wata ne za a fara lissafin duk abin da zai biyo baya.

Idan ƙin da aka yi na baki ne kawai, mai mota ya rubuta buƙatarsa ya miƙa, a ba shi shaidar karɓa, don ya samu abin riƙewa a hannu. Alƙawarin da jami'i ya yi a tsaye cewa za a duba ba ya tsayar da wa'adi.

Yadda ake lissafin wa'adi

Wa'adin uku ne, kowanne wata biyu. Na farko, wata biyu don miƙa koke, daga ranar da aka sanar da mutum matakin, ko aka wallafa shi, ko ta tabbata ya san da shi. Na biyu, wata biyu ga hukuma ta ba da amsa. Idan ta yi shiru har suka cika, doka tana ɗaukar shirun a matsayin ƙi. Na uku, wata biyu don shigar da ƙara a Conseil d'État, daga ranar da amsar ƙi ta iso ko ranar da wa'adin shirun ya cika.

A ƙarƙashin tsohuwar doka ta 1994, sai hukuma ta yi shiru na wata huɗu kafin a ɗauka ta ƙi. Sauye-sauyen 2018 da 2020 sun rage shi zuwa wata biyu. Don haka wanda ya bi shawarar tsohon ɗan tasha da ya san tsarin dā yana iya zama yana jira alhali lokacinsa na tafiya.

Ga misalin lissafi. An miƙa wa mai gbaka takardar janye izininsa ranar 10 ga Maris, saboda haka yana da zuwa 10 ga Mayu ya kai koke. Ya kai ranar 2 ga Afrilu. Hukuma ba ta ce uffan ba har 2 ga Yuni, to a ranar an ɗauka ta ƙi. Daga nan yana da zuwa 2 ga Agusta ya shigar da ƙara. Da a ce amsar ƙi ta iso masa ranar 20 ga Afrilu, da wa'adin kotu ya fara tun ranar, ya ƙare 20 ga Yuni. Hikima ita ce kada a jira makon ƙarshe. Kuma rubuta koke na biyu bayan an ƙi na farko ba ya sabunta wa'adi. An ce mai haƙuri yakan dafa dutse, amma a nan haƙurin da ya wuce wata biyu asara ne.

Mataki na biyu: gaban Conseil d'État

A da, sashen shari'ar hukuma na Kotun Ƙoli ne ke sauraren irin wannan ƙara. Kundin tsarin mulki na 2016 ya tanadi Conseil d'État, gyaran da aka yi masa a watan Maris 2020 ya rushe Kotun Ƙoli ya mayar da Conseil d'État kotu mai zaman kanta, sannan dokar 17 ga Disamba 2020 ta tsara ikonta da yadda take aiki. Mazauninta yana Abijan.

Ƙarar da ake shigarwa sunanta recours pour excès de pouvoir, wato ƙarar cewa hukuma ta wuce gona da iri wajen amfani da ikonta. Ba jami'in ake tuhuma ba, takardar da ya sa wa hannu ake tuhuma, kuma tambayar da ke gaban alƙalai guda ce: matakin ya dace da doka ko bai dace ba? Ana miƙa ƙarar a rubuce ga ofishin magatakardan kotu, tare da kwafin matakin, da shaidar miƙa koke, da amsar hukuma idan akwai. Shari'ar ta takardu ce mafi yawa: alƙali mai bincike yana aika wa hukuma ƙarar, ta mayar da martani a rubuce, mai ƙara ya amsa. Saboda ƙaramin kuskure na tsari yana iya kashe ƙara, wannan mataki na lauya ne.

Dalilai huɗu da ke sa a soke mataki

Na farko, rashin iko: wanda ya sa hannu ba shi doka ta ba wannan aiki ba, kamar ƙaramar hukuma ta janye takardar da ma'aikatar sufuri ce kaɗai ke bayarwa. Na biyu, saɓa tsari: ba a bi matakan da doka ta gindaya ba, kamar a hukunta mutum ba a ji ta bakinsa ba. Na uku, saɓa wa doka kanta, ko dogaro da abin da bai faru ba, kamar a ce mota ta wuce shekarun da aka ƙayyade alhali takardunta sun nuna akasin haka. Na huɗu, karkatar da iko: amfani da shi don wata manufa dabam, kamar a kori mai mota daga layi don a buɗe wa abokin gasarsa hanya. Wannan na ƙarshe shi ne mafi wuyar tabbatarwa, domin zargi ba hujja ba ne.

Dokar hukuma ta Kodebuwa ta samo asali daga ta Faransa, kuma ɗalibanta suna karanta wata shari'a da ta yi kama da halin masu mota. A ranar 5 ga Mayu 1944, Conseil d'État ta Faransa ta soke matakin janye izinin wata mata da mijinta ya rasu, mai sayar da jaridu a rumfa a birnin Paris, saboda an zarge ta da laifi aka ƙwace izininta ba tare da an ba ta damar kare kanta ba. Shari'ar, wadda aka sani da sunan Trompier-Gravier, ta kafa ƙa'idar cewa ba a yanke wa mutum hanyar abincinsa a matsayin horo sai an saurare shi.

Akwai kuma iyaka. Idan doka ta fito fili, kamar dokar zartarwa ta Disamba 2017 da ta ƙayyade shekarun motocin da ake shigowa da su, wato shekara 5 ga tasi, 7 ga ƙananan bas, 10 ga manyan bas da manyan motocin kaya, kotu ba za ta soke mataki don kawai ya ƙuntata wa mutum ba. Tausayi ba ya cikin dalilan huɗu.

Shin mota za ta ci gaba da aiki kafin hukunci?

A'a. Koke ko ƙara ba sa dakatar da matakin hukuma. Wanda ya fita da motar da aka janye izininta yana jawo wa kansa tara da kai motar ma'ajiyar motocin da aka kama, wadda ake kira fourrière, inda kuɗin ajiya ke ƙaruwa kullum. Abin da doka ta tanada shi ne buƙata ta musamman, sursis à exécution, wato a roƙi Conseil d'État ta jingine matakin kafin a gama shari'a. Ana gabatar da ita bayan an miƙa koke ga hukuma, kuma sai an nuna akwai gaggawa da kuma babban shakku kan halaccin matakin. Matakan da suka shafi kiyaye doka da oda ko tsaron jama'a ba sa cikin waɗanda ake jinginewa.

Bayan hukunci, da batun diyya

Idan kotu ta soke mataki, ana ɗaukarsa kamar ba a taɓa yin sa ba. Idan janye izini aka soke, izinin ya dawo. Idan ƙin bayarwa aka soke, hukuma za ta sake duba buƙatar bisa doka, amma kotu ba ita ke buga takardar izini ba.

Kuɗin da aka yi asara a watannin da mota ta kwanta kuwa ƙara ce dabam, wadda ake farawa a kotun matakin farko, kamar ta Abidjan-Plateau. Abin sha'awa, shari'ar da ta zama ginshiƙi a wannan fanni ta masu sufuri ce. A ranar 14 ga Janairu 1970, a ƙarar kamfanin Centaures Routiers kan ɓarnar da motarsa ta samu a jirgin fito na gwamnati, Kotun Ƙoli ta ce alhakin gwamnati yana bin ƙa'idoji na musamman, ba na dokar da ke tsakanin mutum da mutum ba. Mai neman diyya yana buƙatar hujjar asararsa: littafin kuɗin shiga na kullum, da rasit, da takardun bashi.

Baƙo ma yana da wannan haƙƙi

Doka ba ta ce sai ɗan ƙasa ne zai kai ƙarar hukuma ba. Abin da ake dubawa shi ne ko matakin ya taɓa mai ƙara. Ɗan Nijar ko ɗan Nijeriya da sunansa ke kan takardun mota yana iya bin duk matakan nan. Ficewar Nijar da Mali da Burkina Faso daga CEDEAO, wadda ta tabbata ranar 29 ga Janairu 2025, ba ta taɓa wannan haƙƙi ba, kuma ƙasashen uku da Kodebuwa duk suna cikin ƙungiyar UEMOA.

Matsalar da ta fi yawa ita ce ta suna. Mutum ya sayi gbaka hannu da hannu bai sauya carte grise ba, ko ya yi rajista da sunan aboki don sauƙi. Ranar da rigima ta taso, a idon hukuma da kotu mai sunan ne mai mota. Ƙungiyar masu sufuri mai rajista tana iya ƙalubalantar dokar da ta shafi 'ya'yanta baki ɗaya, amma matakin da aka ɗauka kan mutum guda, shi ne zai tsaya a kansa.

Sauran ƙofofi

Mai shiga tsakani na ƙasa, Médiateur de la République, yana karɓar koke kan hukumomi kyauta yana neman sulhu, amma ba kotu ba ne kuma ba ya soke mataki. Wanda zai je wurinsa ya fara zama da lauya kan lissafin wa'adinsa. Idan ofis ya ƙi ba da kwafin wata takarda, dokar 23 ga Disamba 2013 ta bai wa jama'a damar samun takardun hukuma, ta ba ofis kwana 30 ya amsa, kuma hukumar CAIDP ce ke karɓar ƙorafi idan ya ƙi. Idan jami'i ya nemi cin hanci kafin ya saki takarda, ana kai rahoto ga hukumar yaƙi da cin hanci, HABG, wadda aka kafa a 2013. Wanda ba shi da halin ɗaukar lauya kuma yana iya neman tallafin shari'a, assistance judiciaire, a ofishin da ke kotun matakin farko.

Duk hanyar da aka bi, abin da ke tsayawa ga mai mota shi ne abin da ya adana: takardar matakin da kwanan watan da ta iso hannunsa, rasit na duk kuɗin da ya biya, kwafin kokensa mai hatimi, da duk wata amsa da hukuma ta aiko. Ranar da aka miƙa masa takardar ƙi ko ta janyewa, ranar ce ya kamata ya rubuta kwanan watan a bayanta, ya ƙirga wata biyu a kalanda, ya nemi lauya ko sakataren ƙungiyarsa tun a makon farko.